Ƙasusuwan Buda, Muryar Bature: Sharhi Kan Fim Ɗin Charles Allen

Fim ne na tarihi da bai cika awa guda ba, sunansa Bones of the Buddha, wato Ƙasusuwan Buda. An fitar da shi a 2013, kuma marubucin nan ɗan Ingila, marigayi Charles Allen, shi ne ya ja ragamarsa a gaban kyamara. Shekara 12 bayan fitowarsa, kayan da aka nuna a cikinsa suka tada ƙura tsakanin gwamnatin Indiya da kamfanin gwanjo na Sotheby's, abin da ya sa na sake kallonsa ke nan. Fim ne mai daɗin kallo, wannan ba na musu. Ƙorafina shi ne ya kama tambaya guda ya yi ta juya ta har lokaci ya ƙare, ya bar wadda ta fi ta nauyi tsaye a bakin ƙofa, kuma ita ce daga baya ta shigo ta hannun lauyoyi.

Ga labarin a taƙaice, don wanda bai sani ba. A arewacin Indiya, daf da iyakar Nepal, akwai wani ƙauye da ake kira Piprahwa. A watan Janairu na 1898 wani Bature mai kula da gandun Birdpur, William Claxton Peppé, ya sa ma'aikatansa suka tona wani tudu da ke cikin gandun. Ashe tudun tsohon hubbare ne na tubali, irin wanda mabiya Buda suke kira stupa. A can ƙasa suka iske ƙaton sanduƙin dutse, a cikinsa ƴan tukwane biyar, da ɓurɓushin ƙasusuwa da toka, da duwatsu masu daraja da lu'ulu'u da ƴan furannin zinariya, kimanin guda 1,800. A murfin tukunya ɗaya akwai rubutu da tsohon harafin Brahmi, wanda masana da yawa suka karanta da cewa wannan ma'ajiya ce ta ragowar jikin Buda, ɗan ƙabilar Sakya.

Dalilin da ya sa wannan ya zama babban labari yana cikin littattafan addinin. Sun ce da Buda ya rasu a Kushinagar aka ƙone gawarsa, sai sarakuna da ƙabilu suka kusa yaƙi kan wa zai ɗauki abin da wuta ta bari, har wani malami mai suna Dona ya shiga tsakani ya raba shi kashi takwas. Kashi ɗaya ya tafi ga danginsa, ƴan Sakya na Kapilavastu. Daga baya, in ji riwayar, Sarki Ashoka ya buɗe mafi yawan hubbaren ya sake rarraba abin da ke ciki zuwa hubbare 84,000. To ga Bature ya tona gonarsa ya ci karo da tukunya mai ɗauke da sunan Sakya.

Sai dai akwai baragurbi a cikin labarin. Jami'in binciken kufai na gwamnati a wannan yanki a lokacin wani Bajamushe ne, Dokta Anton Führer, wanda aka kama da ƙirƙiro rubuce-rubucen jabu da kuma yaudarar wani malamin Buda ɗan Bama da kayan tabarruki na ƙarya, har ya bar aiki cikin kunya a wannan shekara ta 1898. Ya yi wasiƙa da Peppé, ya kuma ziyarci wurin, don haka zargi ya shafi tukunyar ma. Allen ya riga ya rubuta littafi a kan wannan badaƙala a 2008, The Buddha and Dr Führer, kuma fim ɗin kamar ci gaban littafin ne. An gina shi kamar labarin ɗan sanda mai farin kaya: ga wanda ake zargi, ga shaida, ga alƙali. Alƙalin shi ne Farfesa Harry Falk na Berlin, masanin tsofaffin rubutun Indiya, wanda aka kai gidan tarihi na Kolkata ya duba tukunyar da idonsa, ya yanke cewa rubutun na gaske ne, na wajen zamanin Ashoka, kuma ilmin Führer bai kai ya ƙirƙiro irinsa ba.

Wannan wuri shi ne mafi kyau a fim ɗin. Mutum ne ya sunkuya kan ƴar tukunyar da tafin hannu zai iya riƙewa, yana bin haruffa ɗaya bayan ɗaya, yana faɗin dalilinsa. Ba kiɗa ne ya ɗauki mai kallo ba, hujja ce. Ina ma masu yi mana shirye-shiryen tarihi za su koyi wannan haƙuri, su daina cika mana kunne da "an ce" da "masana sun tabbatar" ba tare da an ga masanin ko an ji yadda ya tabbatar ba.

Amma me aka tabbatar? A nan ne nake ganin ɗalibin da ya zauna gaban malamin hadisi zai riga mai kallon Turai gane inda gizo ke saƙar. Isnadin da Falk ya inganta ya tsaya ne a zamanin Ashoka, ƙarni na uku kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Tsakanin wannan zamani da rasuwar Buda akwai fiye da shekara 100, ko da an bi lissafin da ya fi kusanto da su. Fim ɗin ya yi ƙoƙarin cike giɓin da tonon da K. M. Srivastava ya yi a shekarun 1970, inda ya nutsa ƙasa da inda Peppé ya tsaya, ya samo wasu tukwane biyu da ƙasusuwa, waɗanda ake ganin sun girmi na farko. Hujja ce mai ƙarfi, amma waɗannan tukwanen ba su ɗauke da sunan kowa. Ga kuma saɓanin karatu: tun farkon ƙarni na 20 masani J. F. Fleet ya ce rubutun yana nufin ƙasusuwan dangin Buda ne, ba nasa ba. Yawancin masana ba su bi shi ba, amma saɓanin yana nan a rubuce. Saboda haka abin da ke hannu shi ne shaida cewa mutane sama da shekara 2,200 da suka wuce sun yi imani cewa Buda ne a cikin wannan tukunya, suka zuba masa dukiya, suka rufe shi da tubali. Fim ɗin ya tono imani, sai ya sa masa sunan ƙashi, domin ƙashi ya fi sayuwa a talabijin.

Kuma ko da an gwada ƙashin a ɗakin bincike, ban ga abin da zai sauya a wajen masu ziyara ba. Dubi haƙorin da ke Kandy, a Siri Lanka. A 1560 Turawan Fotugal suka ce sun kama shi, suka kai shi Goa, Sarkin Pegu ya yi tayin fansarsa da dukiya mai yawa, suka ƙi, suka daka shi a turmi, suka ƙone, suka watsa a ruwa. Mutanen tsibirin suka ce ai kwaikwayo aka ƙone, na gasken yana nan. Har yau kowace shekara ana zagaya gari da giwaye a bikin Esala Perahera don girmama shi, kuma da Ingila ta ci Kandy a 1815 ita ma ta gane cewa wanda haƙorin ke hannunsa shi mutane ke ɗauka mai mulki, ta sa ido a kansa. A Janairun 1998 ƴan tawayen Tamil suka tayar da bam a haikalin, don sun san inda zuciyar abokan gabarsu take. Masana irin su Gregory Schopen da John Strong sun daɗe suna nuna cewa a wajen mabiyan farko wannan ragowa ba abin tunawa ba ne kawai, ana ɗaukar cewa Buda yana zaune a wurin, har hubbaren kansa yana iya mallakar dukiya. Wanda bai shigar da wannan cikin fim ba ya ba mu labarin tukunya, bai ba mu labarin dalilin da ya sa aka binne ta ba.

Na san wani zai ce mu ina ruwanmu, mu da aƙidarmu ta hana bautar kowa sai Allah. Gaskiya ne, kuma ba wanda ya ce sai ka yarda da abu kafin ka fahimce shi. Amma mu da muka shafe shekaru muna jayayya kan tabarruki da ziyarar ƙabari, mu da muka san yadda mutum ke tasowa daga nesa don ya tsaya a Hubbaren Shehu a Sakkwato, bai kamata a ce ba mu gane cewa ƙashin mutum mai girma ba kayan ado ba ne a wajen masu girmama shi.

Wannan ya kawo ni kan abin da ya fi ci mini tuwo a ƙwarya, kuma aikina na rediyo ne ya sa ba na iya kau da kai daga gare shi: wa aka miƙa wa makirfo? Nauyin fim ɗin yana kan Allen, da Falk, da jikan Peppé da ke son a wanke sunan kakansa. Malaman Buda da masu ziyara suna nan, da rigunansu masu launin ɗorawa, suna kyau a hoto, amma ba su ne ke jan zaren ba, ba kuma tambayarsu ake amsawa ba. Ma'aikatan da suka tona ramin da hannunsu kuwa sai dai a gan su a matsayin taron leburori. Wanda ya san Allen ba zai yi mamaki ba. A Indiya aka haife shi a 1940, cikin gidan da ya daɗe yana yi wa mulkin mallaka aiki, kuma da rediyo ya yi suna: Plain Tales from the Raj na BBC a 1974, hira da tsofaffin Turawan Indiya, sannan Tales from the Dark Continent a 1979, hira da waɗanda suka mulki Afirka, har da waɗanda suka yi Di'o da Razdan a Arewacin Najeriya. Gwanin hira ne na gaske, ya san yadda ake sa tsoho ya saki baki. Sai dai kusan kullum ta ɓangare guda yake zama.

Saboda haka fim ɗin ya wuce ta kan rabon kayan kamar ba komai. Gwamnatin mallaka ta karɓe su ƙarƙashin dokarta ta 1878 kan dukiyar da aka tono. Ƙasusuwan ta ba Sarki Chulalongkorn na Siyam, wato Tailan ta yau, shi kuma ya ajiye wani kaso a Bankok, ya aika wa Bama da Siri Lanka da Japan nasu. Sanduƙin da tukwanen da mafi yawan duwatsun suka tafi gidan tarihi na Kolkata. Aka bar wa Peppé kusan kashi ɗaya cikin biyar na duwatsun, wai maimai ne na waɗanda aka riga aka ɗauka. Wato jami'in mallaka ne ya zauna ya ja layi: wannan na ibada ne, wannan na gidan kallo, wannan ladan wahala. Waɗanda suka binne kayan ba su ja wannan layi ba. A tukunya ɗaya suka haɗa su, suka kwana tare shekara dubu biyu. Ga shi kuma a ƙasashen Buda da dama an yi imani cewa idan aka ƙone gawar babban malami akan sami wasu ƴan ƙwayoyi kamar lu'ulu'u a cikin tokar, kuma ana girmama su kamar ƙashin. A irin wannan fahimta, ina iyakar dutse, ina iyakar jiki?

Kada kuma a ɗauki kyautar da aka yi wa Siyam a matsayin tsantsar ladabi. A wannan shekara ta 1898, a watan Satumba, sojojin daular nan ɗaya suka ci Omdurman, Kitchener ya sa aka rusa ƙubbar Mahadi, aka watsa ƙasusuwansa a kogin Nilu, aka riƙe ƙoƙon kansa, sai da surutu ya yi yawa a Landan sannan aka binne shi a Wadi Halfa. Ƴan uwanmu na Sudan ba su manta ba. Hannu ɗaya ne, shekara ɗaya. Ƙashin da zai jawo abota da sarki mai ƴanci an naɗe shi an kai masa da girmamawa, wanda zai tara masu tawaye an jefa shi ruwa. Daular ta san ƙarfin ƙashi sarai, lissafi kawai take yi da shi. Ba na cewa dole fim kan Piprahwa ya je Sudan, amma fim ɗin da ya ɗauki Führer a matsayin mugun labarin shi kaɗai ya sauƙaƙa wa kansa aiki, domin kowa na iya tsanar maƙaryaci, shi kuwa mai raba kayan mutane bisa doka sai a gode masa.

Layin nan da aka ja a 1898 shi ne zuriyar Peppé ta tsaya a kai lokacin da ta kai duwatsunta fiye da 300 gwanjo a Hong Kong, aka sa ranar 7 ga Mayun 2025, ana hasashen za su kai dalar Amurka miliyan 13. Hujjarsu ita ce waɗannan kayan sadaka ne da aka binne tare, ba ragowar jiki ba ne, kuma gwanjo ne hanya mafi adalci ta mayar da su hannun mabiya addinin. Ashley Thompson da Conan Cheong na makarantar SOAS a Landan suka ce a wajen masu ibada ba a raba su da ƙashin. Ma'aikatar al'adu ta Indiya ta aika da takardar gargaɗi, aka ɗage gwanjon ana gab da buɗewa, kuma a ranar 30 ga Yuli aka sanar cewa duwatsun sun koma Indiya, bayan kamfanin Godrej ya saye su. Ba zan ɗora wa Allen laifin gwanjon da aka yi shekara biyar bayan rasuwarsa ba. Amma kayan da ake zargin jabu ne ba sa kai miliyan 13, kuma fim ɗinsa na cikin abubuwan da suka goge wannan zargi a idon duniya, tare da baje kolin da aka yi a Zurik da New York da Singafo.

Ita ma Indiya ba waliyyiya ba ce a wannan magana. Ta daɗe tana ɗaukar ƙasusuwan da Srivastava ya tono a jirgin sama tana kai su ziyara, Mongoliya a 2022, Tailan a 2024, inda dubban mutane ke yin layi, ita kuma tana ƙulla zumuncin siyasa. Tana kuma jayayya da Nepal kan ko Piprahwa ce tsohuwar Kapilavastu ko kuwa Tilaurakot da ke ƙetaren iyaka. Idan sun dawo daga tafiya, gidan tarihi na Delhi ake mayar da su, bayan gilashi, inda mai son ya durƙusa a gabansu sai ya fara yankar tikiti a ƙofa.