Ƙira da Hali: Nazari Bisa Siffanta Mutane Cikin Wasan The Sims

Cikin watan Fabrairu na shekarar 2000 kamfanin Maxis na ƙasar Amurka, wanda ke ƙarƙashin Electronic Arts, ya fitar da wani wasan kwamfuta mai suna The Sims. Wanda ya tsara shi, Will Wright, shi ne dai ya tsara SimCity cikin 1989, inda mai wasa ke gina birni ya yi mulkinsa. Amma a wannan karo sai ya bar birni ya shiga cikin gida. Babu yaƙi cikin wasan, babu tsere, babu kuma wani gaci da za a kai a ce an ci. Abin da ke akwai kurum shi ne waɗansu 'yan mutane na hoto, ana ce da kowannensu Sim, suna ci, suna barci, suna fita aiki, suna aure, suna faɗa da maƙwabta, mai wasa kuwa yana bisa yana juya su. Tun ana shirinsa a ke kwatanta shi da ɗakin 'yar tsana, kwatancin kuwa bai kauce ba.

Wannan takarda ba ta nufin duba wasan dukansa. Abin da za ta duba shi ne matakin farko, watau inda mai wasa ke haɗa mutumin da zai yi wasa da shi, da kuma ikon da a ke ba shi na komawa ya gyara shi daga baya. Masu wasan suna kiran wannan wuri Create-a-Sim. Kalmar farko ta sunan nan ma'anarta halitta, amma da ya ke Hausa ta keɓe halitta ga Allah, a nan za a kira wurin maƙera, aikin kuma ƙira, tun da ya ke dama a kan ce ƙirar jiki. Dalilin da ya sa ya cancanci nazari shi ne, kowace maƙera irin wannan amsa ce ga wata tsohuwar tambaya ta masu adabi: da me da me a ke haɗa mutum cikin labari?

1. Jiki

Ta wajen jiki, ci gaban da aka samu ba ya musantuwa. A wasan farko mai wasa ba ya iya kome sai ya zaɓi kai daga cikin kawunan da aka riga aka zana, ya ɗora bisa gangar jiki mai tufafinta, launin fata kuwa iri 3 ne kaɗai. Da The Sims 2 ya fito cikin 2004 sai aka ba shi ikon faɗaɗa hanci, da rage haɓa, da ɗaga gira, aka kuma shigo da gado, har ɗa ya kan ɗauko idon uwa da hancin uba. The Sims 3 na 2009 ya ƙara ikon rina kowace tufa da kowane launi. A The Sims 4 na 2014 kuwa kama kunci a ke yi a ja, kamar mai ginin tukunya na murza yumɓu, sa'an nan a zaɓi murya, da irin tafiya, da tufafin yau da kullum, da na buki, da na barci.

Amma fa duk yawan zaɓin nan, wani ne ya jera shi, wanda bai shiga jerin ba kuwa ba shi da wurin zama. Shekara da shekaru baƙar fata masu yin wasan suna kukan cewa launukan da aka tanadar musu kaɗan ne, waɗanda ke akwai ɗin ma sun yi toka-toka, kwalliya ba ta fita bisansu, gashi da kitso kuma ba su yi kama da nasu ba. Waɗansunsu, kamar Amira Virgil wadda aka sani da Xmiramira, suka zana launuka da kansu suka raba wa jama'a. Sai cikin Disamba 1920 da ɗari, watau 2020, kamfanin ya ƙara launin fata fiye da 100. Hijabi da hula irin ta Musulmi cikin 2019 suka shiga, shekara 5 bayan fitowar wasan. Har ya cika shekara 10 kuwa manyan mutanen cikinsa duk tsawonsu ɗaya, babu dogo babu gajere, babu kuma gurgu mai keke. Maƙera dai ba madubi ba ce. Ra'ayin maƙerinta ne game da wanda ya ke ɗauka mutum na yau da kullum.

2. Hali

To, in an juya wajen hali sai a ga abin ya sha bamban. A wasan farko da na biyu a kan ba mai wasa maki 25 ya raba tsakanin ɗabi'u 5: tsabta, da son jama'a, da kuzari, da son wasa, da kirki, kowace ba ta wuce 10. Dabarar nan tana da hikima, gama makin ba ya isa a cika duka. Wanda ya so mutuminsa ya zama mai tsabta ƙwarai da kirki ƙwarai, tilas ya bar shi da kasala ko da rashin sakin fuska. Ashe tun daga ƙira an san ba a haɗa wa mutum alheri duka.

Cikin 2009 aka yar da makin, aka kawo laƙabi fiye da 60, kamar mugu, da jarumi, da malalaci, da mai son littattafai, a zaɓa wa baligi 5. Cikin 2014 aka rage su zuwa 3, tare da buri ɗaya na rayuwa. Watau sa'ad da hanci ya sami wuraren murzawa barkatai, zuciya kalma uku ta samu. Hausawa sun ce labarin zuciya a tambayi fuska, amma a wannan maƙera fuska ba ta san kome game da zuciya ba, don kuwa kowace daban a ke haɗa ta.

Marubucin nan na Ingila, E. M. Forster, cikin littafinsa Aspects of the Novel na 1927, ya kasa mutanen labari kashi biyu: wanda a ke iya taƙaitawa da magana ɗaya, da wanda ke da zurfin da zai iya ba mai karatu mamaki ba tare da ya ƙaryata kansa ba. Gizo na tatsuniya na kashin farko ne, wayo da haɗama su ne shi, kuma ba aibu ba ne, don tatsuniya haka ta ke bukata. Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa kuwa ba laƙabi ne ya gina shi ba. Sata da aka yi masa yana yaro, da bauta, da rabuwa da uwa, da karatu, su suka gina shi a gaban mai karatu. Maƙerar The Sims Gizo ta ke iya fitarwa. Mutumin da ya fito daga cikinta ya zo da halinsa a rubuce, ga kuɗin kama gida a hannu, wanda a wasan farko 20,000 ne ga kowane iyali, amma ba shi da jiya, ba wanda ya raɗa masa suna, ba kuma wanda ke binsa bashi.

3. Gyara

Abin da ya fi wannan nauyi shi ne gyara. Bisa ƙa'ida, in an fara wasa, madubi ko akwatin tufafi ya kan canja irin su gashi da sutura, amma ba ya taɓa hali. Amma a The Sims 4 akwai wata kalmar sirri da a ke rubutawa ta buɗe maƙera gaba ɗaya, a mai da tsoho saurayi, a mai da mugu mutumin kirki. Akwai ma wani magani da Sim zai sha ya sake ɗabi'unsa duka. An ce hali zanen dutse, a nan kuwa ya zama zanen allo, a wanke a sake. Hasarar da ke ciki a fili ta ke: labari ba ya kama zuciya sai in abin da aka aikata ba ya kankaruwa. In uban da ya wulakanta 'yarsa jiya za a iya mai da shi mai tausayi yau da taɓawa ɗaya, to, babu tuba, babu gafara, babu kuma labari.

Ba za a ce masu tsara wasan ba su lura da haka ba. A The Sims 3, yaron da bai yi ƙoƙari a makaranta ba, in ya girma wasan ne ke ɗora masa ɗabi'a, mai wasa ba shi da ta cewa. Wani ƙari da aka yi wa The Sims 4 cikin 2017 ya sa tarbiyyar iyaye tana barin alama, ta ladabi ko ta riƙon amana, wadda ke bin yaro har girma. Waɗannan su ne mafi kyaun abin da ke cikin tsarin, dukansu kuwa rage ikon mai wasa su ke yi.

4. Misali ɗaya

Cikin 2009 wani ɗalibi a Ingila, Robin Burkinshaw, ya ƙera mutum biyu cikin The Sims 3, uba da 'ya, Kev da Alice. Ya ba uban zafin rai da ƙin yara, ya ba 'yar kirki da rashin sa'a, ya raba su da kuɗinsu, ya ajiye su a fili ba gida sai bencin kwanciya, sa'an nan ya janye hannunsa gwargwadon iko, yana rubuta abin da ya faru. Da yarinyar ta sami ɗan aiki ta karɓi ladanta na farko, ga yunwa ga gajiya, sai wasan ya nuna abin da ranta ke so shi ne ta ba da kuɗin sadaka. Ya bar ta ta bayar. Wannan wuri ne masu karatu suka fi tunawa. Laƙabin kirki an zaɓe shi tun a maƙera, amma bai zama hali ba sai da ya ci mata abin da ba ta da kamarsa, mai ƙirar kuma ya ƙi komawa ya gyara.

5. Abin lura ga malamai

Tun Oktoba 2022 a ke samun tushen The Sims 4 kyauta, waɗansu wasanni kuma suna bin sawunsa, kamar inZOI na kamfanin Krafton na Koriya ta Kudu, wanda aka fara sayarwa cikin 2025. Saboda haka malamin da ke koyar da ƙagaggen labari zai iya gamuwa da ɗalibin da ya fara sanin ginin ɗan labari ta wannan hanya: suna, da kama, da laƙabi uku. Hana shi wasan ba shi ne magani ba, don maƙerar tana koya lura da siffa, tana kuma nuna a fili cewa kowane jeri na mutane yana da wanda ya bari a waje. Abin da ya kamata shi ne a karɓi laƙabin nan uku daga hannun ɗalibi, a hana shi rubuta ko ɗaya cikin labarinsa, a ce ya sa mutuminsa a inda zai yi zaɓin da ba ya komuwa. In mai karatu ya gane laƙabin da kansa daga aikin da mutumin ya yi, ɗalibi ya wuce ƙira ya kai ga hali.