Jirgin Zamani, Ina Taragon Manomi?

Jama'ar Kwamba, kullum ana yabon jirgin ƙasan Abuja zuwa Kaduna da aka buɗe a 2016. Ni dai yabona da saura. Layin dogon Baro zuwa Kano na 1911, Turawa don kwasar auduga da gyaɗa suka shimfiɗa shi, ba don Allah ba. Duk da haka talaka ya ci albarkacinsa: tashoshi irin su Badegi da Minna suka zama kasuwa, goro ya hau Arewa, shanu suka gangara Kudu.

Yau fa? Ɗan Suleja sai ya tafi Kubwa, tikiti a intanet, babu taragon doya balle masara. Jirgin da ya manta manomi ai kwalliya ce kawai. Allah Ya sa hukuma ta ji, amin.