Vijay Bai Yi Nasara Ba: Aikin Suna a Fim ɗin Deewaar

Sunan Vijay ba baƙo ba ne ga duk wanda ya taso yana kallon finafinan Indiya a ƙasar Hausa. Kalmar ta fito ne daga Sanskrit, tsohon harshen addini da adabi na Indiya, kuma ma'anarta nasara, kusan abin da muke nufi idan muka raɗa wa yaro Nasiru. Marubuta biyu, Salim Khan da Javed Akhtar, sun ba Amitabh Bachchan wannan suna a Zanjeer a 1973, inda ya fito a ɗan sanda kuma ya ga bayan wanda ya kashe iyayensa. A nan suna da mai suna sun dace. Abin da ya ja hankalina shi ne yadda suka juya sunan bayan shekara biyu, a Deewaar na 1975 wanda Yash Chopra ya ba da umarni.

Uban gidan a wannan labari sunansa Anand, wato farin ciki. Shugaban ma'aikata ne da aka tilasta wa cin amanar mabiyansa don ya ceci iyalinsa, daga nan ya shiga duniya saboda kunya. Fusatattun ma'aikata suka kama babban ɗansa Vijay, suka yi masa zanen da ba ya gogewa a hannu, mai cewa ubansa ɓarawo ne. A ganina nan ne zuciyar fim ɗin. Yaron ya tashi da suna biyu, na yanka wanda ke yi masa albishir da nasara, da wanda jama'a suka rubuta masa a fata. Duk abin da ya yi daga baya, daga dako a tashar jiragen ruwa ta Bombay har zuwa fasa-ƙwauri, ƙoƙari ne na sa na farkon ya rinjayi na biyun. Ya tara dukiya har ya sayi ginin da mahaifiyarsa ta taɓa ɗaukar bulo a cikinsa, amma ita ta ƙi zama da shi, ta bi ƙanensa. Bahaushe ya san dabarar raɗa sunan da ke karo da fata, domin ana kiran ɗan wabi Ajuji don mutuwa ta raina shi ta wuce. Marubutan Deewaar sun bi akasin haka: sun ba yaro suna mafi alfahari, sannan suka miƙa shi ga mutuwa a hannun ɗan'uwansa.

Ƙanen, Ravi, sunansa na nufin rana, kuma ɗan sanda ne mai gaskiya. A nan aikin ya yi rauni, don sunan bai gaya mana komai ba sai abin da kakinsa ya riga ya faɗa. Sumitra, sunan uwar, aro ne daga Ramayana, inda mai sunan ta haifi Lakshmana.

Akwai kuma suna na uku da Vijay ke ɗauke da shi, lambarsa ta dako, 786. Wani dattijo Musulmi abokin aikinsa ne ya bayyana masa cewa lambar tana da albarka, domin ita ce jimillar haruffan Bismillah a hisabi. Vijay, wanda ya ƙi shiga wurin bauta tun yana yaro, ya riƙe wannan ƙarfe, ya kuwa tare masa harsashi. Sai da ya suɓuce masa harbin Ravi ya same shi. Ina jin ɗalibin da ya yi karatun zaure zai riga mai kallon Ingila ko Amurka gane nauyin wannan wuri.

Za a fi ganin darajar wannan aiki idan aka ajiye shi kusa da Amar Akbar Anthony na Manmohan Desai, wanda ya fito a 1977. 'Yan'uwa uku ne suka rabu suna ƙanana, kowa ya tashi a addini dabam. Amar kalmar Sanskrit ce mai nufin wanda ba ya mutuwa, ko da yake kunnen Bahaushe zai iya ɗaukarta Ammar. Akbar Larabci ne, sunan sarkin Mughal da ya yi mulki daga 1556 zuwa 1605, Anthony kuma daga Latin ya zo. Uwarsu Bharati ce, daga Bharat, sunan ƙasar kanta, kuma su ukun suka haɗu suka ba ta jini ba tare da sun san juna ba. Saƙon haɗin kai ne mai kyau, ban musa ba, sai dai sunayen tambari ne kawai. Da an sauya Akbar da Yusuf, ko Anthony da Peter, labarin ba zai girgiza ba. Deewaar kuwa, a cire Vijay a sa wani suna, rabin zafin mutuwarsa a cinyar uwarsa ya tafi.

Ba na jin dacewa ce kawai. A wannan shekara ta 1975 marubutan nan suka sake ba Bachchan suna daga tushe ɗaya a Sholay, suka kira shi Jai, kuma a cikin abokan biyu shi ne wanda bai kai ƙarshen fim da rai ba.