Keke a Kaele, kofi a Yawunde

Tun da Biniam Girmay ɗan Iritiriya ya ci zango uku a Tour de France na 2024, ya koma gida da koriyar riga, zancen tseren keke ya shiga bakin mutanen da a da ba su san ana yin sa ba. Sai kuma Kigali ta karɓi gasar duniya a Satumbar 2025, karo na farko a Afirka. Ina murna da wannan. Amma yadda ake tafiyar da harkar a Kamaru bai kwanta mini ba.

Ba wai ba mu da gwani ba ne. Clovis Kamzong Abessolo, wanda aka haifa a 1991, ya lashe Tour du Cameroun a 2015, ya ɗauki Grand Prix Chantal Biya a 2017, ya sake lashe zagayen Kamaru a 2021. Duk wanda ya taɓa murza feda da tsakar rana daga Garwa zuwa Pitowa ya san ba ƙaramin jarumi ke yin haka ba. Sai dai a duba sauran shekarun. Bonaventure Uwizeyimana ya zo daga Ruwanda ya ci a 2018, Moise Mugisha ya biyo sahunsa a 2022, 'yan Maroko da Turawa ma sun ɗebi rabonsu. In Kamzong bai ci ba, yawanci baƙo ne ke tafiya da rigar. Mutum ɗaya, da ƙungiya ɗaya ta kamfanin mai na gwamnati, SNH Vélo Club, su ke ɗauke da sunan ƙasa baki ɗaya.

Dalilin a fili yake. Tseren keke a wurinmu biki ne na manya. Sau biyu a shekara a tare hanya, jiniya ta wuce, gwamna ya miƙa kofi, a watse. Gasar Chantal Biya, wadda aka fara a 2001, kusan kullum a kudu take yawo, tsakanin Duwala da Yawunde da Sangmelima. Zagayen Kamaru kan leƙo Marwa da Garwa a wasu shekarun, yara su tsaya bakin titi su ga ayarin ya wuce cikin ƙiftawar ido, shi ke nan sai wata shekarar, in an dawo.

Alhali a yankin Mayo-Kani, inda Kaele take, keke abin neman tuwo ne. Ranar kasuwar Kaele za ka ga saurayi Bamundange ko Batufure ya ɗauro buhun dawa a kariya, ya taho daga ƙauye a kan tsohuwar Phoenix mai giya ɗaya, birkin ma da ƙafa ake kama shi. 'Yan makaranta haka suke zuwa daga Lara da Boboyo, safe da yamma. Ƙarfin cinya da juriyar zafin da masu horarwa ke kashe kuɗi su gina, waɗannan yaran sun tashi da su. Babu wanda ya taɓa riƙe agogo ya auna gudunsu. Kafin a ankara yaron ya tara kuɗin babur ya shiga acaɓa, kuma ban ga laifinsa ba.

Wasu za su ce ƙasar yankinmu shimfiɗaɗɗiya ce, ba tsaunukan Asmara ko na Kigali. To, Burkina Faso fa? Zafinta da ƙurarta irin namu ne, kuma tun 1987 take gudanar da Tour du Faso, 'ya'yanta suna cin gasar a gida. A Ruwanda ma, cikin gwanayen farko akwai waɗanda haya suke yi da keke kafin a gano su. Abin da ya fito da Girmay kuwa shi ne ƙananan tsere da ake yi a titunan Asmara tun zamanin Italiyawa, yaro ya faɗi, ya tashi, ya koyi zama cikin ayari.

Kuma Arewacin Kamaru ya riga ya gwada wannan hanyar a ƙwallon ƙafa. Kamfanin auduga SODECOTON ne ya raini Coton Sport ta Garwa tun 1986, har ta mamaye gasar Kamaru, ta kai wasan ƙarshe na kofin zakarun Afirka a 2008 da Al Ahly. Wannan kamfanin yana da masana'antar gurzar auduga a Kaele, kuma iyayen masu kekunan nan su ne manomansa. Ban nemi a sayo keken miliyoyi daga Faransa ba. A fara da tseren wata-wata bayan kaka, daga Kaele zuwa Gidigis a dawo, kowa da keken da ya fito da shi daga gida, a raba rukunin 'yan ƙasa da shekara 18, a yi na 'yan mata, a rubuta lokacin kowa a littafi. Goma na farko a ba su taya da sarƙa sababbi, uku na farko a kai su Garwa gwaji.