Taura Biyu a Bakin Kogin Seine

Duk wanda ya leƙa shafukan masu sayar da tikitin yawon buɗe ido na birnin Paris zai ci karo da wani haɗi da ya zama ruwan dare. Tikiti guda ne, da shi za ka shiga gidan zane-zane na Louvre ko na Orsay, in ka fito kuma ka hau jirgin ruwa a zagaya da kai bisa Kogin Seine na kamar awa ɗaya. Kuɗin yakan ɗan sauka a kan sayen kowanne shi kaɗai, an kuma ɗauke maka wahalar tsara yininka. Mutane suna rububinsa, har wasu biranen masu kogi sun ɗauka. Ni ban ƙi haɗin gaba ɗaya ba. Abin da na ƙi shi ne yadda ake sayar da shi kamar duk gidajen zane ɗaya ne, kamar ko wanne ka jingina da kogi ya zauna daidai.

A fara da Louvre, tunda shi ne aka fi tallatawa. Fadar sarakunan Faransa ce kafin a buɗe ta ga jama'a a 1793, kuma abubuwan da aka baje a cikinta sun kai kusan 35,000. In mutum ya ce zai ba kowanne daƙiƙa 30 kacal, sai ya kwashe fiye da awa 290 a tsaye, ba ci ba barci. A 2024 mutum miliyan 8.7 suka shiga, alhali dalar gilashin nan ta bakin ƙofa, wadda I. M. Pei ya tsara aka buɗe a 1989, an yi ta ne da lissafin mutum miliyan 4 a shekara. Hukumar gidan ta ƙayyade masu shiga a kan 30,000 a rana, amma duk da haka a watan Yunin 2025 ma'aikata suka ƙi buɗe ƙofa na sa'o'i, suna kukan cunkoso ya fi ƙarfinsu. Wannan shi ne gidan da ake ce wa baƙo ya gama da shi kafin la'asar, domin jirgi na jira. Hausawa sun riga sun faɗa, taura biyu ba ta taunuwa.

To me baƙon yake yi da ɗan lokacin da ya samu? Bin tutar ɗan jagora yake, daga gunkin Venus de Milo zuwa na Nasara mai fukafukai a saman matakala, daga nan sai layin Mona Lisa. Zanen nan tsawonsa santimita 77 ne, faɗinsa 53, yana bayan gilashi, tsakaninka da shi akwai shinge da kawunan mutane da wayoyin da aka ɗaga sama. A ɗakin nan dai, daura da shi, an rataye Bikin Kana na Veronese, zane mafi girma a duk gidan, faɗinsa ya kusa mita 10, ɗauke da mutane fiye da 100 kowa da abin da yake yi. Yawancin masu layi ƙeya suke ba shi. Ban ga laifinsu ba, ba a ba su lokacin waiwaye ba.

Wani zai ce ai ba jirgin ne ya kawo gaggawar ba, kuma yana da gaskiya rabi. Tun a 2001 wasu masu bincike biyu, Jeffrey Smith da Lisa Smith, suka auna tsayuwar mutane gaban fitattun zane-zane a gidan Metropolitan na New York, suka samu matsakaicinta bai wuce daƙiƙa 27 da ɗoriya ba. Gajiyar da ke kama mai yawo a irin waɗannan gidaje ma tsohon zance ce, Benjamin Gilman na gidan zane na Boston ya yi rubutu a kanta tun 1916. Haka kuma da yawa daga tikitocin nan ba su ɗaure ka da hawa jirgin a ranar ba, kana iya ajiye shi zuwa gobe. Sai dai wanda ya sayi abu biyu a takarda ɗaya, kuma kwana biyu ko uku gare shi a garin, a rana ɗaya yake lissafa su. Tun daga Janairun 2026 kuwa, mai fasfo ɗin Nijeriya ko Nijar, kamar sauran waɗanda ba 'yan Turai ba, yuro 32 yake biya a ƙofar Louvre maimakon 22. Wanda ya canza naira ko sefa ya biya wannan, zuciyarsa fanshe kuɗi take so, kuma a ganinsa fanshewar ita ce yawan abin da ya ɗauka a hoto.

Hujja guda da nake girmamawa ita ce ta ƙafafu. Dattijo ko mai ɗauke da yara, in ya fito daga dogayen zaurukan nan, wurin zama yake nema da iska, kuma jirgi ya fi shagon shayi mai tsada. Wannan amfani ne na gaske. Hutu ne dai, bai ƙara wa idonsa komai a kan abin da ya gani a ciki ba.

Tsallaka gada zuwa ɗaya gaɓar, magana ta sauya. Gidan Orsay tashar jirgin ƙasa ce da aka gina don babban baje kolin duniya na 1900, aka mayar da ita gidan zane a Disamban 1986, kuma abin da ke ciki ayyukan 1848 zuwa 1914 ne. A benen sama ne zane-zanen su Monet da Sisley da Pissarro da Renoir suke, mutanen da suka bar ɗakin aiki suka fita fili suna bin haske. Abu biyu suka sauƙaƙa musu fitar. Ɗaya fenti ne na cikin bututun matsawa, wanda wani Ba'amurke, John Goffe Rand, ya ƙirƙiro a 1841, ya sa ana iya zuba launuka a jaka a tafi da su. Ɗayan jirgin ƙasa ne, da yake kwasar mutanen Paris zuwa garuruwan bakin Seine cikin 'yan mintoci. Monet ya zauna a Argenteuil daga ƙarshen 1871 zuwa 1878, ya sami ɗan jirgi ya kafa masa rumfa, ya mayar da shi wurin aiki a tsakiyar ruwa. Wani mai zane, Manet, ma ya zana shi zaune a cikinsa a 1874. Ba Monet ne ya fara aiki a cikin jirgi ba, mai zane Daubigny ya riga shi tun 1857.

Saboda haka wanda ya tsaya gaban zanen tseren jiragen Argenteuil a Orsay, ya ga yadda Monet ya yi inuwar filafilan jirage a ruwa da gajerun shafe-shafen fenti masu kauri, waɗanda in ka matsa kusa ba ka ganin komai sai tabo, in ka ja da baya su zama ruwa mai motsi, to wannan mutumin yana da abin yi a kan kogi. In ya hau jirgi zai ga da idonsa cewa inuwar gini a ruwa ba ta taɓa tsayawa cak, yankakkiya ce, tana haɗuwa tana rabuwa. Zai lura ƙarƙashin gada ba baƙi ba ne, akwai kore da shuɗi da wani haske da ruwa ke mayarwa saman baka. Masu sukar 1874, shekarar da waɗannan masu zane suka yi baje kolinsu na farko, sun ce aikin bai ƙarasu ba. Minti goma na kallon ruwa ya isa ya nuna cewa abin da ke gabansu suka zana. A nan kogin ci gaban darasin ne, kuma gidan bai yi girman da zai kashe maka ƙafa kafin ka kai gare shi ba.

Har ta fuskar tsoro gidan da kogin a haɗe suke. A Orsay ne aka rataye zane-zanen Sisley na ambaliyar Port-Marly ta 1876, ruwa ya kewaye shagon mai sayar da giya, mutane na zirga-zirga a kwalekwale. A Yunin 2016 Seine ya cika ya batse, aka rufe Orsay ɗin kansa da Louvre, ma'aikata suka yi ta kwashe kaya daga ɗakunan ƙasa. Tsoron irin ambaliyar 1910, wadda ruwa ya kai mita 8.62, shi ya sa Louvre ya gina ma'ajiya a Liévin can arewacin ƙasar, aka buɗe ta a 2019. A irin waɗannan ranaku jiragen ma tsayawa suke, don ba sa iya bi ta ƙarƙashin gadoji.

Amma ko a nan akwai sharaɗi. Jirgin 'yan yawon buɗe ido ba ya zuwa Argenteuil. Tsakanin hasumiyar Eiffel da tsibiran tsakiyar gari yake kai da komo, lasifika na zayyano sunayen gine-gine da harsuna barkatai, ana ce maka duba dama, duba hagu. Duk awar idonka na sama, a kan dutse da gumaka, ruwan da ka zo dominsa ba wanda ya ambace shi. Da ni ne mai ba da shawara, sai in ce a bar babban jirgin a hau Batobus, wanda yake tsayawa tasha-tasha, ɗaya a gindin Orsay, kuma ba ya yi wa kowa bayani. A hau shi rana na gangarawa, a zauna gefen da ya fi kusa da ruwa.

Mutanen Landan sun fi kusa da gano bakin zaren. Jirgi na bin Kogin Thames daga gidan zane na Tate Britain, inda aka ajiye mafi yawan ayyukan da mai zane Turner ya bar wa ƙasarsa, zuwa Tate Modern, tsohuwar tashar wutar lantarki da aka mayar gidan zane aka buɗe a 2000. Turner kansa daga cikin jirgi ya zana wani sashe na Thames. Shiga gidajen biyu kyauta ne, jirgin kaɗai ake biya, don haka ba wanda ke jin an cuce shi in ya kalli zane biyar ya fita.

Akwai kuma asarar da haɗaɗɗen tikiti ke jawowa wadda ba ta bayyana a kan takarda: shi yake zaɓa maka abin da ya cancanci gani. Jiragen nan suna wucewa ta gaban gidan Quai Branly, kusa da hasumiyar Eiffel, wanda aka buɗe a 2006 don ayyukan Afirka da Asiya da sauran nahiyoyi. Daga nan ne aka mayar wa Jamhuriyar Benin kayan fadar Abomey guda 26 a Nuwamban 2021, waɗanda sojojin Faransa suka kwasa a 1892. Don wannan gidan ne kuma Faransa ta sayi mutum-mutumin yumɓu guda uku, biyu na Nok ɗaya na Sakkwato, waɗanda aka fitar daga Nijeriya ta bayan gida. Da aka nuna na Nok a Louvre a 2000 sai ƙura ta tashi, har a 2002 Faransa ta amince mallakar Nijeriya ne, ita kuma Nijeriya ta bar mata su aro na shekara 25. Baƙon da ya taso daga Kaduna ko Sakkwato yana da dalilin sauka a wannan gaɓar fiye da na bin layin Mona Lisa, amma masu haɗa tikiti ba da shi suka yi lissafi ba. In yana so ya shiga, sai ya sayi nasa tikitin daban, ya ware masa safiya guda.