Faifan garmaho da waƙar da bai ɗauka ba

A shekarar 1860 wani Bafaranshe, Eduwar-Leyon Sikot, ya zana muryar mutum bisa takarda mai baƙin hayaƙi, amma ba a saurare ta ba sai a 2008. Na'urar da ke ɗaukar murya ta kuma mayar da ita, Edison ne ya ƙera ta a Amurka a 1877, sannan Balina ya fito da garmaho mai faifai a 1887. Abin da ya dame ni shi ne ƙa'idar da faifan ya shimfiɗa wa waƙa: fuska guda ba ta wuce minti uku zuwa huɗu.

Waƙar makaɗin Hausa kuwa ba ta san agogo ba. Tsawonta yana ga yawan jama'a, da karsashin ƴan amshi, da hannun mai kyauta. In wani attajiri ya shigo fage, nan take a saka sunansa. Faifai ya datse wannan duka, ya tsayar da zubi ɗaya, har masu sauraro suka ɗauka shi ne waƙar, sauran kuwa kuskure. Ko Mamman Shata, wanda ba ya maimaita waƙa yadda ya yi ta jiya, yau da zubin da aka naɗa ake auna shi.

A farkon shekarun 1960 Tolia Nikiprowetzky ya naɗi kiɗan Nijar, kamfanin Ocora na Faransa ya buga shi da sunan kiɗan "griots". Aiki ne mai daraja, ba don irinsa ba da muryoyi da yawa sun bi iska. Sai dai kalmar nan ta cusa makaɗi da mawaƙi da maroƙi da sanƙira cikin buhu ɗaya, alhali kowane ɗan ƙauye ya san bambancinsu.

Na'ura ta fi son fada da birni, inda kakaki da algaita suke. Garuruwa irin su El Alasan Mai Rairai, a ƙasar Mayahi, sun karɓi muryoyin wasu ta akwatin rediyo, daga baya ta kaset, wanda kamfanin Philips ya fitar a 1963. Nasu kuma fa? Gangar noma ranar gayya, da waƙar niƙa da mata ke yi bisa dutse, ba su da ubangidan da zai biya kuɗin naɗi. Da injin niƙa ya shigo ƙauyuka, dutsen ya koma bayan ɗaki, ƴan matan da suka taso bayansa kuma ba su tarar da mai koya musu waƙar ba.