Sazae-san: Tsokaci a Kan Jigo da Taurarin Wani Wasan Raha na Japan

Wannan maƙala za ta yi tsokaci ne a kan Sazae-san, wasan zane mai motsi wanda gidan talabijin na Fuji ya fara nunawa ranar 5 ga Oktoba, 1969. A shekarar 2013 kundin Guinness ya tabbatar da cewa babu wasan zane na talabijin da ya kai shi daɗewa. Tushensa shi ne zanen barkwanci na jarida da Hasegawa Machiko ta fara a Fukuoka a 1946, ta koma da shi jaridar Asahi a 1949, ta kuma ajiye alƙalami a 1974.

Zubin wasan ba shi da sarƙaƙiya. Kowace Lahadi da yamma akan kawo gajerun labarai uku a kan iyalin Isono na birnin Tokiyo. Sunayen taurarin duk daga teku aka ɗebo su: Sazae dodon-koɗi ne, ƙanenta Katsuo da mijinta Masuo sunayen kifaye ne, mahaifiyarta Fune kuwa jirgin ruwa. Rahar tana tasowa daga ƙananan abubuwa, kamar mantuwar Sazae, ko ƙiriniyar Katsuo da tsawar da mahaifinsu Namihei yake daka masa. Masuo, wanda yake zaune a gidan surukansa (abin da Bahaushe zai ji nauyinsa ƙwarai), ya shahara har sunansa ya zama laƙabin duk mijin da yake irin wannan zama.

Sai dai in aka gwama wasan da tushensa, za a tarar an yi asara. Sazae ta jarida mace ce mai baki, wadda ta rayu cikin ƙarancin abinci na bayan yaƙi, daga baya ma ta tsoma baki cikin fafutukar 'yancin mata. Hasegawa takan yi amfani da ita ta zolayi masu iko da al'amuran yau da kullum. Talabijin ya rage wa wannan zolaya kaifi, ya bar matar gida mai garaje kawai.

Haka kuma lokaci ya tsaya cik a gidan. Yara ba su girma, Namihei bai yi ritaya ba, kaka da jika suna cin abinci a teburi guda, alhali ƙidayar 2020 ta nuna cewa fiye da kashi ɗaya cikin uku na gidajen Japan mutum ɗaya ne a ciki. Ke nan jigon wasan ya tashi daga hoton zamani ya koma begen jiya. Hatta aikin zanen ya yi nawar sauyawa, domin sai a 2013 kamfanin Eiken ya daina zane a kan leda da hannu, ya koma ga kwamfuta gaba ɗaya.

Duk da haka, wasan ya kama jikin mutane. Japanawa sun ba ƙuncin da yake zo wa ma'aikaci da yammacin Lahadi, idan ya tuna gobe Litinin, sunan “ciwon Sazae-san”.